Idan aka gwabza yaƙin nukiliya, ƙurar za ta iso Daura?

Wani dattijo daga Daura, manomi mai ɗan kiwo, ya sa ɗansa ya rubuto mini wannan tambaya: "Malam, kullum rediyo sai zancen Rasha da Amurka da makaman ƙare dangi. An ce bayan bam ɗin ya tashi akwai wata ƙura mai guba da iska ke kwasa. Mu da hunturu ke kawo wa ƙura daga inda ba mu sani ba, za ta iso mu? Yara sun ce in sayi wata ƙwayar aidin in ajiye, da gaske tana kare mutum? Kuma wanda ƙurar ta taɓa, yana shafa wa wani?"

Alhaji, Allah ya ƙara lafiya. Fiziks na karanta, kuma na daɗe ina koyar da awon tururin nukiliya a nan Katsina, don haka tambayar ta zo inda ya dace. Ƙurar gaskiya ce, tana kuma kisa. Amma kisan nan take na waɗanda ke kusa da inda bam ya faɗi ne, a kwanakin farko. Mu da ke nesa, idan za ta same mu, ta ƙwaryar nono da abin da ke gona za ta biyo.

Idan bam ya tashi a ƙasa ko dab da ƙasa, ƙwallon wutar kan narkar da yashi da duwatsu da gine-gine, ta zuƙe su sama. Can sama sai su cuɗanya da ɓurɓushin da fashewar yuraniyom ko fulutoniyom ta haifar, su huce, su dawo ƙasa kamar yashi ko toka. Manyan ƙwayoyin su ke riga sauka, cikin mintuna zuwa yini guda, a ɓangaren da iska ta nufa. Ƙananan kuwa sai su yi ta yawo a sama makonni ko shekaru har ruwan sama ya sauko da su. Kowace ƙwaya tana fitar da abin da 'yan jarida ke kira tururi. Sunan dai aka ara, ba shi da haɗi da tururin tukunya. Dangin hasken nan ne da ake ɗaukar hoton ƙirji da shi a asibiti: ba a ganinsa, ba ya wari, ba a jin zafinsa, amma yana ratsa jiki.

Shi ya sa labarin birnin Hiroshima na Japan, inda Amurka ta jefa bam ɗin nukiliya, ke rikita mutane. Bam ɗin 6 ga Agusta 1945 ya tashi ne a sama, kimanin mita 600 daga ƙasa, bai kwashi ƙasa da yawa ba. Wuta da girgiza da tururin daƙiƙun farko su suka fi yin ɓarna, mutum kusan 140,000 suka mutu kafin ƙarshen shekarar. An yi baƙin ruwan sama mai guba a wasu unguwanni, amma garin bai zama kufai ba, yau mutum fiye da miliyan ɗaya ke zaune cikinsa. Wanda yake son ya ga aikin ƙurar tsagwaronta sai ya dubi gwajin da Amurka ta yi a tsibirin Bikini na tekun Pasifik ranar 1 ga Maris 1954. Ƙarfin bam ɗin ya kai na tan miliyan 15 na nakiya, wato ninki dubu na na Hiroshima, fiye da ninki biyu na abin da masu haɗa shi suka lissafa, kuma a ƙasa aka tayar da shi. Bayan 'yan sa'o'i wani farin gari ya fara zuba a tsibirin Rongelap, mai nisa kamar daga Katsina zuwa Kano. Ba wanda ya gargaɗi mutanen. Yara suka yi ta wasa a cikinsa, ya shiga gashin kai, ya zuba a ruwan sha. Kafin gari ya waye an fara amai, daga baya fata ta saɓule, gashi ya zube, sai bayan kwana biyu aka kwashe su. Wani jirgin masunta na Japan mai mutum 23 shi ma garin ya rufe shi, duka suka kwanta, mai kula da rediyon jirgin ya rasu a Satumbar shekarar.

Ina da wata na'ura da nake shiga aji da ita, ana ce mata Gaiga, girmanta kamar ƙaramar rediyo. Da na kunna ta sai ta fara ƙas, ƙas, jefi-jefi, alhali babu komai a kan tebur. Ɗalibai su kan waiwaya su ga ko na ɓoye wani abu. Babu. Ƙasa da duwatsu da sararin sama, har jikinmu, duk suna fitar da ɗan tururi tun fil azal. Wata rana wani ɗalibi ɗan Mashi ya kawo mini takin zamani a leda, irin mai fotasiyam da yawa, muka ɗora mata, ƙarar ta ƙaru, ya yi tsalle ya koma bayan aji. Na ce masa dawo, mahaifinka ya shekara talatin yana barbaɗa wannan da hannu kuma lafiyarsa ƙalau. Yawa shi ne magana. Ana auna abin da jiki ya sha da milisibat. Mutum kan sha kimanin 2.4 a shekara daga halittar Allah kawai, hoton ƙirji ɗaya kuma kusan 0.1 ne. Idan aka sha 1,000 a ɗan gajeren lokaci sai ciwo ya bayyana: tashin zuciya, amai, kasala. Idan ya kai 4,000 zuwa 5,000 kuma babu asibiti, rabin mutanen za su mutu cikin wata biyu. Ɓargo yake fara kashewa, inda ake ƙera jini. Abin tausayin, maras lafiyan kan ji sauƙi bayan aman farko har a ce ya warke, sai bayan mako biyu ko uku zazzaɓi da zubar jini daga dasashi su taso, ƙananan cututtukan da jiki ya saba kora su gama da shi. Wanda ya sha kaɗan kuwa ba zai ji komai ba, sai dai haɗarin sankara ya ƙaru. A cikin waɗanda suka tsira a Japan, sankarar jini ta fara yawaita bayan shekara biyu, sauran nau'o'in bayan shekara goma da abin da ya yi sama.

Sai dai ƙurar nan akwai ta da saurin hucewa, kuma wannan shi ne ilimin da ya fi ceton rai. Lissafinsa ba wuya: duk lokacin da aka ninka sa'o'i sau bakwai, ƙarfin ya ragu sau goma. Idan sa'a ɗaya bayan tashin bam ƙarfin 1,000 ne, bayan sa'a 7 ya koma 100, bayan kwana biyu 10, bayan mako biyu 1. Wanda ya fito da gudu a ranar farko ya hau titi cikin mota, shi ya kwashi mafi muni. Wanda ya shige ɗaki ya rufe ƙofa ya yi haƙurin kwana biyu ya tsallake mafi yawansa.

A nan ne kakanninmu suka fi mu dabara ba tare da sun nufa ba. Abin da ke tare tururin nauyi ne. Dannanniyar ƙasa mai kaurin faɗin tafin hannu, santimita tara zuwa goma, tana rage shi da rabi. Tafi biyu ya koma kashi ɗaya cikin huɗu. Katangar tsohon soro mai kaurin rabin mita ta rage shi kusan sau talatin. Na gwada wa ɗalibai wannan da tubalin ƙasa, ina jera su ɗaya bayan ɗaya tsakanin na'urar da ɗan ƙarfen gwajinmu mai fitar da tururi, suna jin ƙarar tana mutuwa. Shigifar ƙasa mai rufin azara da ke cikin birnin Daura ta fi gidan bulo mai rami da rufin kwano, nesa ba kusa ba. Kwano ba ya tare komai, kuma a kansa ƙurar ke kwanciya, saitin kan masu gida. A bene, ɗakin tsakiya na ƙasa, nesa da taga. Wanda ƙurar ta riska a waje ya tuɓe tufafin sama a zaure ya ƙulle a leda, wannan kaɗai kan kawar da kusan kashi 90 cikin 100 na abin da ya hau jikinsa, sannan ya yi wanka da sabulu ba tare da dirzar fata ba.

Wannan ya amsa tambayarka ta ƙarshe. Ƙura ce, ba ƙyanda ba. Muddin an tuɓe an yi wanka, mutumin ba ya shafa wa kowa. A yi jinyarsa, a ci abinci da shi, idan ta Allah ta kasance a yi masa sutura. Na tsaya a kan wannan ne saboda a Japan an ƙyamaci waɗanda suka tsira, an hana su aure don tsoron za su haifi naƙasassu. An bi 'ya'yan da suka haifa daga baya shekaru da dama ana dubawa, ba a ga naƙasa ta fi ta sauran jama'a ba. Waɗanda abin ya taɓa su ne 'yan tayin da ke ciki a ranar, musamman cikin wata biyu zuwa huɗu.

To, za ta iso mu? Ai ta taɓa zuwa yankin nan, kuma kai da ka manyanta wataƙila ka ji labarin a bakin iyaye. Ranar 13 ga Fabrairu 1960, tsakiyar hunturu, Faransa ta tayar da bam ɗinta na farko a Reggane cikin saharar Aljeriya, mai ƙarfin kusan ninki huɗu na na Hiroshima, nisan fiye da kilomita 1,500 daga nan. Ta ƙara uku a sarari kafin ƙarshen Afrilun 1961, sannan ta koma ƙarƙashin dutse a In Ekker ta yi 13 zuwa 1966. Bayan gwaji na uku, a Janairun 1961, gwamnatin Abubakar Tafawa Ɓalewa ta kori jakadan Faransa, ta hana jiragenta na sama da na ruwa shigowa Najeriya, ƙasar tana da wata uku kacal da samun 'yanci. Taswirar sojojin Faransa da aka bayyana a 2014 ta nuna ƙurar gwajin farko ta ratsa Nijar da Chadi da Mali da sauran Afirka ta Yamma cikin 'yan kwanaki, kafin mako biyu ta kai gaɓar Sifaniya. Waɗanda suka sha azabar su ne mutanen yankin Reggane da ƙananan sojojin da aka jibge a wurin. Abin da ya yi tafiya mai nisa ya riga ya huce ya tsinke.

Haka lissafin yake ga yaƙin manyan ƙasashe. Makaman duniya sun kai kimanin 12,000 a hannun ƙasashe tara, kusan kashi 90 cikin 100 na Rasha da Amurka ne, kuma abin da za su hara yana can arewacin duniya. Iskar sama a can daga yamma take kaɗawa zuwa gabas, tana zagaye a layinsu. Ƙurar hunturunmu kuwa, wadda ka ke rubutu da yatsa a kanta a gilashin mota da safe, mafi yawanta daga kwarin Bodele na Chadi take tasowa. An yi gwaji fiye da 500 a sarari daga 1945 zuwa 1980, kuma ko a 1963 da abin ya kai maƙura, ƙarin da talakan duniya ya sha bai wuce kimanin kashi biyar cikin ɗari na abin da ya saba sha daga ƙasa da sama ba. Yaƙi zai fi wannan muni, babu shakka, musamman idan aka hari tashoshin lantarkin nukiliya ko wutar ta sauko Gabas ta Tsakiya da Arewacin Afirka. Amma ban ga hanyar da ƙurar Turai za ta iso Daura da ƙarfin da za ta kwantar da mutum da amai ba.

Ba nan gizo ke saƙa ba, Alhaji. Garkenka za mu duba. A cikin ɓurɓushin akwai aidin mai lamba 131. Idan ya sauka a ciyawa, saniya da akuya sukan share fili mai faɗi a yini guda, su tattara abin a nononsu. Yaro ya sha fura da nono, jikinsa ya kwashi aidin ɗin ya kai shi wannan 'yar halittar ta gaban wuya, wadda in ta kumbura muke cewa maƙoƙo, don ita ba ta bambance aidin mai kyau da mai guba. Abin da ya faru ke nan bayan fashewar tashar lantarkin nukiliya ta Chernobyl da ke Yukiren ranar 26 ga Afrilu 1986. Hukumomin Tarayyar Sobiyet ba su hana mutanen ƙauye shan madarar shanunsu da wuri ba. Zuwa 2005 an sami masu sankarar wannan halitta ta wuya fiye da 6,000 a cikin waɗanda suke yara a lokacin, a Belarus da Yukiren da Rasha. Maƙwabciyarsu Folan ta hana shan madarar shanun da ke kiwo a fili, ta kuma raba wa miliyoyin yara ruwan aidin cikin 'yan kwanaki, ba ta ga irin wannan annoba ba. Sa'ar da aka yi, ƙarfin wannan aidin yana raguwa da rabi duk kwana takwas. Bayan kwana 80 saura kashi ɗaya cikin dubu. Makiyayin da ke da harawa da dusa a rufe, wanda zai iya ɗaure shanunsa wata biyu zuwa uku, ko ya hana yara da masu ciki ɗanyen nono na wannan ɗan lokaci, ya gama da wannan babin.

Ƙwayar da yaranka suka faɗa, aidin ne mai kyau. Aikinta ta cika waccan halittar ta wuya har ba sauran wurin da mai gubar zai zauna. Iyakarta ke nan. Ba ta kare ɓargo, ba ta kare fata, ba ta hana komai ratsa jiki. Sai an sha ta 'yan sa'o'i kafin ƙurar ko jim kaɗan bayanta take aiki, bayan yini guda amfaninta kaɗan ne. Jarirai da yara da masu ciki da masu shayarwa su ke buƙatarta, wanda ya haura arba'in ba ya ƙaruwa da ita sosai, tana ma iya tayar masa da wani ciwon. Ni da kai mun wuce layin. Ba a shan ta sai hukumar lafiya ta ce a sha. Kada kuma wani ya ce zai kurɓi aidin ɗin wanke ciwo, guba ne. Gishiri mai aidin ma ba ya maye gurbinta, kafin mutum ya ci abin da zai isa gishirin ya kashe shi. Mun ga abin da wankan gishiri da shan gishiri suka jawo lokacin Ebola a 2014.

Masu daɗewa a cikin ɓurɓushin su ne sinadaran siziyom 137 da sitironshiyom 90, kowanne sai ya shekara kusan talatin kafin ya ragu da rabi. Sitironshiyom yana kwaikwayon kalsiyam, sai ya zauna a ƙashi da haƙori. A birnin St. Louis na Amurka an tara famfarar yara dubbai aka auna, aka ga na waɗanda aka haifa a 1963 sun ninka na 'yan 1950 sau hamsin, kuma sakamakon farko na wannan bincike na cikin abin da ya matsa wa Amurka da Sobiyet da Birtaniya suka daina gwaji a sarari a 1963. Siziyom kuwa fotasiyam yake kwaikwaya, ya bi saiwa ya shiga tsiro, ya shiga nama. A Birtaniya sai 2012 aka janye takunkumin ƙarshe a kan tumakin da suka yi kiwo inda ruwan sama ya sauke ƙurar Chernobyl, shekara 26 bayan abin. Wannan ya shafe mu ta wata fuska: laka tana riƙe siziyom ta hana shi hawa tsiro, jigawa kuwa irin tamu ta Daura da Mai'aduwa da Zango sakin sa take yi. Maganin da aka gwada ya yi aiki shi ne zurfafa huɗa a binne ƙasar sama, da zuba taki mai fotasiyam don tsiro ya ƙoshi ya ƙyale na gubar.

Hatsin da ke rumbu ko buhu a ɗaki lafiyarsa lau. Abin da aka shanya a fili, tattasai da tumatir da kuɓewar da muke bazawa a bakin titi, shi ne abin zubarwa. Ruwan burtsatse da rijiya mai murfi ba abin da zai same su. Tafki, da ruwan indararo na farkon damina, da buɗaɗɗun madatsai irin Sabke da Ajiwa, su za a yi hattara da su har a auna. Tafasa ruwa ba ta kashe wannan gubar, ba ƙwayar cuta ba ce.

Ni abin da ke hana ni barci a wannan batu ba ƙurar ba ce ma, hayaƙin ne. Idan manyan birane suka kama da wuta, baƙin hayaƙi zai hau can sama da gajimare inda ruwa ba ya wanke shi, ya dushe rana shekaru. Wani bincike da masana na Jami'ar Rutgers ta Amurka suka jagoranta a 2022 ya ƙiyasta cewa yunwar da za ta biyo bayan yaƙi tsakanin Indiya da Pakistan kaɗai tana iya kashe mutum fiye da biliyan biyu, ta Rasha da Amurka kuma fiye da biliyan biyar. Lissafin kwamfuta ne, masana na jayayya a kan yawan hayaƙin, amma ba a jayayya kan inda abin ya dosa. Daminarmu zafin rana ke jawo ta daga teku, idan arewacin duniya ya yi sanyi ruwan kan ja baya zuwa kudu. Ka ga fari na 1973 da na 1984 da idonka, ba sai na ba ka labari ba. Ko ba a kai ga haka ba, a 2022 da bindiga da makami mai linzami kawai aka yi faɗa a Yukiren, amma kowa ya ga inda farashin fulawa da taki suka kai a kasuwar Daura. Abin da ya ci Doma ba ya barin Awe. Kuɗin ƙwayar nan, da ni ne, murfin rijiya zan yi da su, in ƙara buhun gero a rumbu, in sayi batir na rediyo.

Akwai kuma wata hanyar da wannan siziyom ɗin zai iya shigowa gari ba tare da an harba ko harsashi ɗaya ba, kuma ita ta fi kusa da mu. A 1987 a birnin Goiania na Brazil, wasu masu tsintar ƙarafa suka shiga wani asibitin da aka yi watsi da shi, suka kwance kan na'urar gashin sankara, suka sayar wa mai gwangwan. Da aka fasa sai ga wani gari mai shuɗin haske cikin duhu. Ya burge su, aka rarraba wa dangi da maƙwabta, wata yarinya 'yar shekara shida ta ci abinci da shi a hannunta. Mutum huɗu suka mutu, har da ita, aka auna mutum fiye da 100,000, aka rushe gidaje. Irin waɗannan na'urori akwai su a Najeriya, a asibitoci da kamfanonin mai da na gina hanya, hukumar kula da harkokin nukiliya ta ƙasa, NNRA, ke sa ido a kansu. Idan cikin jikokinka akwai mai harkar jari bola, a nuna masa alamar: fuka-fuki uku kamar na fanka, baƙi ko ja-ja a kan rawaya. Duk ƙarfen da ya gani da ita, ko ɗan ƙaramin ƙarfe mai nauyin da ya fi girmansa, kada ya fasa, kada ya sa a aljihu, kada ya kai gida. Ya ja da baya, ya hana yara zuwa wurin, ya sanar da 'yan sanda.